Me ya sa guguwar tekun arewa da ta kudu ba su juyawa gefe guda?



Kusan kowace shekara muna jin labarin mahaukaciyar guguwa a rediyo. Yau a ce ta faɗa wa Amurka, gobe a ce Madagaskar ko Filifin. Wanda ya taɓa ganin hotonta a talabijin ko cikin wayar salula ya san kamanninta: farin gajimare ne mai faɗin gaske, ya naɗe kamar gammo, da ɗan rami a tsakiyarsa. Taurarin ɗan'adam ne ke ɗauko hoton daga sama. In aka jera hotunan aka duba da kyau, sai a ga abin mamaki. Guguwar Amurka da ta Madagaskar ba gefe guda suke juyawa ba. Kowace da nata hannu.

Akwai dalilin haka, kuma dalilin ya shafe mu ko da yake Nijar ba ta da teku. Abin da ke juya waɗannan guguwoyi, shi ne kuma ke karkata iskar hunturu da iskar da ke kawo mana ruwan damana. Saboda haka mu bi maganar daki-daki.

Mece ce guguwar teku?

Bisa teku ake haihuwarta, kuma sai inda ruwan ya yi ɗumi, ya kai digiri 26 ko 27. Rana ta dafa ruwan, tururi ya tashi sama. Can sama tururin ya koma gajimare. Lokacin da yake komawa gajimare yana sakin zafi, zafin kuma ya ƙara tura iska sama.

Iskar da ta tashi sama ta bar gurbi a ƙasa. Sai iskar da ke kewaye ta rugo daga kowace kusurwa don ta cike gurbin. Duk wanda ya taɓa ƙona sassabe ya san wannan: da wuta ta kama sosai, sai a ji iska tana shigowa wajenta daga ko'ina. Haka abin yake bisa teku, sai dai faɗinsa yana kai ɗaruruwan kilomita.

In gudun iskar ya kai kilomita 119 cikin awa guda, to ta zama mahaukaciyar guguwa. A lakkwal ana kiranta siklon. A watan Agusta na 2005 wadda aka sa wa suna Katirina ta nutsar da mafi yawan birnin Niyu Olins na Amurka, ta kashe mutum fiye da 1000. A watan Nuwamba na 2013 Hayan ta kashe fiye da 6000 a Filifin. A watan Maris na 2019 Idayi ta faɗa wa birnin Baira na Mozambik, ta hallaka fiye da mutum 1000 a Mozambik da Zimbabuwe da Malawi.

Wace ke bin wane hannu?

Masana sun shata wani layi da ya ɗaure duniya a ƙugu, ya raba ta biyu daidai: rabin arewa da rabin kudu. Ba a ganinsa da ido, sai bisa taswira. Sunansa ekwater, mu kuwa bari mu kira shi ɗamarar duniya. Ya ratsa Gabon, Kwango, Uganda, Kenya da Somaliya. Nijar tana rabin arewa. Tsakanin Yamai da ɗamarar akwai kilomita kusan 1500.

Yanzu mu ɗauki misalin rumbu. Mutum yana iya kewaya rumbu ta hanya biyu: ko rumbun yana hannunsa na hagu, ko yana hannunsa na dama. A rabin arewa, iskar guguwa tana kewaya cibiyarta kamar mai kewaya rumbu da rumbun a hagunsa. Wato tana saɓa wa tafiyar hannun agogo. Haka Katirina da Hayan suka yi. A rabin kudu kuwa cibiyar tana dama, iskar tana bin tafiyar hannun agogo. Haka Idayi ta yi.

Duniya ba tsaye take ba

Tushen maganar shi ne juyawar duniya. Duniya dunƙulalliya ce kamar lemu, tana juyawa bisa kanta daga yamma zuwa gabas, sau guda cikin awa 24. Shi ya sa muke ganin rana tana fitowa gabas tana faɗuwa yamma. Ba mu jin motsin saboda mu da gonakinmu da iskar da muke shaƙa duk tare muke tafiya.

Amma ba gudu guda kowane wuri ke yi ba. A soke lemu da tsinke, a juya shi. Tsakiyar lemun, inda ya fi kauri, tana yin babban zagaye. Kusa da tsinken kuwa ɗan ƙaramin zagaye ake yi. Duk da haka lokaci guda suke gamawa. Ke nan tsakiyar ta fi gudu.

Tsawon ɗamarar duniya kilomita dubu 40 ne. In aka raba shi cikin awa 24, za a ga wanda ke zaune bisa ɗamarar yana tafiya gabas da gudun kilomita kusan 1670 cikin awa guda. Mutumin Yamai yana yin kusan 1620. Mutumin Agadas kusan 1600. Mutumin Paris kusan 1100. A can ƙuryar arewa, inda tsinken ya fito, babu gudu ko kaɗan. Haka abin yake a rabin kudu: gwargwadon nisanka da ɗamara, gwargwadon raguwar gudunka.

Mahaya biyu da goro guda

Mu ce ga mahaya dawaki biyu bisa fako mai faɗi, dukansu sun nufi gabas. Wanda ke gefen kudu yana sukuwa. Wanda ke gefen arewa yana tafiya sannu. Daidai lokacin da suka jera, sai na kudu ya jefa wa na arewa goro, ya saita shi sosai. Goron zai faɗa hannunsa? A'a. Goron ya bar hannun mai sukuwa ɗauke da gudun dokinsa, don haka zai faɗi gaban na arewa, wato gabas da shi. Mai jifan yana fuskantar arewa, gabas kuwa tana damarsa. Ke nan goron ya karkata dama.

To a juya. Na arewa, mai tafiya sannu, ya jefa wa mai sukuwa goro. Kafin goron ya iso, mai sukuwa ya wuce. Goron ya faɗi bayansa, wato yamma. Mai jifan yana fuskantar kudu, yamma kuwa tana damarsa. Nan ma goron ya karkata dama.

Mai sukuwa shi ne ɗamarar duniya, mai tafiya sannu shi ne ƙasashen arewa, goron kuma iska ce. Saboda haka a rabin arewa, iskar da ta yi doguwar tafiya tana karkata dama, ko arewa ta nufa ko kudu. Lissafin masana ya nuna wadda ta nufi gabas ko yamma ita ma dama take karkata.

A rabin kudu mahayan sun sake wuri: mai sukuwa ya koma gefen arewa, don nan ɗamarar take. In ya jefa goro kudu, zai faɗi gabas, gabas kuwa tana hagun mai fuskantar kudu. Shi ya sa a can iska hagu take karkata.

Daga karkata zuwa kewaya

Wani zai ce: in iskar arewa dama take karkata, ƙaƙa kuma guguwarta ke kewayawa ta hagu? Tambaya ce mai kyau. Mu koma wurin rumbu, mu ce shi ne gurbin da iska ke rugowa ta cike.

Iskar da ta taso daga kudu ta nufi rumbun, amma ta karkata dama, ta bi ta gabas da shi. Wadda ta taso daga gabas ta karkata dama, ta bi ta arewa da shi. Ta arewa ta bi ta yamma da shi. Ta yamma ta bi ta kudu da shi. Kowace ta kuskure rumbun ta bar shi a hagunta. Gurbin kuwa bai daina jan su ba. Ga ja zuwa ciki, ga karkata zuwa dama, sai dukansu suka shiga kewaya shi, suna matsowa kaɗan-kaɗan kamar zaren da ake naɗewa bisa mazari. A rabin kudu kowace iska tana barin rumbun a damarta, sai kewayen ya bi ɗaya hannun.

Ramin nan na tsakiya ana ce masa idon guguwa. Cikinsa iska tana kwantawa, har rana takan fito. Mutane su zaci abin ya wuce, su fito waje. Jim kaɗan sai ɗaya gefen guguwar ya iso, iskar ta dawo da ƙarfinta daga kishiyar kusurwar da ta fara busowa. Ƴan uwanmu da ke ci-rani a irin waɗannan ƙasashe su kiyaye da wannan.

Gani ya kori ji

Ana iya gwada abin a cibiyar yaƙi da jahilci. A yanka kwali da'ira kamar faifai, a kafa masa ƙusa a tsakiya bisa allo. Mutum guda ya riƙa juya kwalin saɓanin hannun agogo. Wani ya ɗora alli a tsakiya, ya ja shi miƙe zuwa wajen kansa. In aka tsaida kwalin, za a ga layin ya lanƙwashe zuwa damar tafiyarsa, ko da yake hannun mai allin miƙe ya tafi. A juya kwalin ta ɗaya hannun, a sake ja: layin zai lanƙwashe hagu.

Ga gwaji na biyu. Wani ya ɗaga faifai yana juya shi. Mai kallo daga sama da mai kallo daga ƙasa, kowa ya faɗi hannun da faifan ke bi. Ba za su yi daidai ba, alhali faifai guda ne, juyi guda. Haka duniya take ga mutanen arewa da mutanen kudu.

Su wa suka gano wannan?

Tun 1735 wani Baturen Ingila mai suna Joj Hadli ya ce juyawar duniya ce ke karkata iskokin da jiragen ruwa ke bi. Shekara 100 bayan haka, a 1835, wani injiniya Bafaranshe, Gasfar Koriyolis, ya fitar da lissafin abin. Shi injuna masu juyawa yake nazari, amma sunansa ne ya bi wannan karkata har yau. A 1856 wani malamin makaranta na Amurka, Wiliyam Ferel, ya yi amfani da wannan sani wajen bayyana tafiyar iskokin duniya.

Tana iya zuwa Nijar?

A'a. Guguwar teku da tururin ruwan ɗumi take rayuwa. Da ta hau tudu sai ta fara rasa ƙarfi, cikin ƴan kwanaki ta mutu. Tsakanin Yamai da bakin teku a Kotonu kuwa akwai tafiyar kilomita kusan 1000.

Ko tekun Kotonu, Lome da Legas ba ya haifar irinta, domin yana dab da ɗamarar duniya. Bisa ɗamarar babu karkata, ba dama ba hagu. Sai an yi nisa da ita karkatar ke ƙarfi. Shi ya sa da wuya ƙwarai guguwa ta kafu in ba ta yi nisan kusan kilomita 500 da ɗamarar ba. Kuma ba a taɓa ganin wadda ta ƙetare ɗamarar daga wannan rabi zuwa wancan ba. A 2023 guguwar Firedi ta yi kwana 36 tana raye. Ta taso kusa da Ostareliya, ta ratsa tekun Indiya, ta faɗa wa Madagaskar da Mozambik, ruwanta ya yi ɓarna mai yawa a Malawi, amma duk tafiyarta cikin rabin kudu ta yi ta.

Saboda haka in jita-jita ta zo cewa guguwa irin ta Amurka ta nufo Maraɗi ko Damagaram, kada hankali ya tashi.

Hunturu da iskar bazara

Da rani iska tana tasowa daga Sahara ta nufi kudu. Tana rabin arewa, don haka ta karkata dama, wato yamma. Shi ya sa hunturu ke zo mana daga arewa maso gabas, ɗauke da ƙura da hazo.

Da bazara ƙasarmu ta ɗau zafi, iskarta ta tashi sama ta bar gurbi. Sai iska mai laima ta taso daga tekun Atlantika, can kudu da ɗamara. Muddin tana rabin kudu hagu take karkata, ta nufi arewa maso yamma. Da ta ƙetare ɗamara sai ta koma karkata dama, ta nufi arewa maso gabas. Haka take iso mana daga kudu maso yamma. Kakanninmu sun san in iska ta juyo daga wannan kusurwa, aka fara gumi, to damana ta kusa. Ba su yi kuskure ba.

Amma hadari daga gabas yake tasowa. Dalili kuwa, can sama, nisan kilomita 3 zuwa 4, akwai wata iska mai ƙarfi da ke busowa daga gabas lokacin damana. Iskar ƙasa ta kawo laima daga teku, iskar sama ta tura gajimare yamma. Shi ya sa hadarin da ya taso Damagaram da la'asar yana iya kai wa Maraɗi da dare.

Hadarinmu, guguwarsu

Wannan iska ta sama ba miƙe take tafiya ba, tana lanƙwasa kamar tafiyar maciji. Lanƙwasar tana farawa wajen tsaunukan Habasha da Darfur, ta bi ta Cadi, Nijar, Mali, har Senegal, wajen sau guda cikin kwana 3 zuwa 5. Kowace tana tafe da ayarin hadari. Wani gajimare ya zubar da ruwansa ya watse, wani ya taso gabansa, ayarin dai yana ci gaba.

In ayarin ya fita bisa tekun Atlantika wajen tsibiran Kab-Ber, ya tarar da ruwa mai ɗumi, yana iya fara juyawa. Mafi yawansu suna watsewa. Amma masana sun tabbatar mafi yawan manyan guguwoyin tekun Atlantika daga irin wannan ayari suke fitowa. Irma ta 2017 misali ce: ayarinta ya bar gaɓar Afirka ta Yamma a ƙarshen Agusta, ta ragargaza tsibiran Karibiyan, ta kai Kuba, ta isa Filorida ta Amurka ran 10 ga Satumba. Shi ya sa lokacin guguwarsu ya fi tsanani a Agusta da Satumba, daidai tsakiyar damanarmu. Su Madagaskar da Mozambik kuwa nasu lokaci daga Nuwamba ne zuwa Afrilu, don sa'ad da muke sanyi su zafi suke.

To guguwar fako fa?

Ƙaramar guguwar da ke tashi da rana tsaka, ta kwashi ƙura da karmami, ita ba ta bin wannan doka. Faɗinta ƴan taki ne, ranta ƴan mintoci. Karkatar Koriyolis sai iska ta yi tafiyar ɗaruruwan kilomita cikin awoyi masu yawa take bayyana. Don haka guguwar fako tana juyawa ta kowane hannu. Makiyayi ya lura da guda goma, zai ga wasu hagu wasu dama. Zafin ƙasa ne ke tada ita. Ruwan da ke tsiyaya ta mazurari ko ta hujin bokiti shi ma haka: siffar mazubin da yadda aka zuba ruwan ne ke juya shi.

Abin da ya rage gare mu

Guguwar teku ba za ta zo mana ba, amma iskar gaban hadari da ambaliya namu ne. A damanar 2024 ambaliya ta hallaka ɗaruruwan mutane a ƙasarmu, jihar Maraɗi na cikin waɗanda suka fi jin jiki. Tun da mun san kusurwar da iska ke zuwa, mu shirya mata:

1. Kafin ruwan fari a duba rufin ɗaki da jinkar rumbu, a ɗaure su da kyau, musamman gefen gabas.

2. A bar kara kwance cikin gona. Yana tare rairayin da iskar hadari ke kwasowa ya binne ƙaramar shuka.

3. A bar gawo, kalgo da sabara su tofo cikin gona. Mai dasa itace ya jera su daga arewa zuwa kudu don su tare iskar gabas. Mutanen fadamar Majiya, cikin jihar Tawa, sun fara dasa layukan bedi tun 1975, sun kuma ga amfaninsu.

4. In hadari ya taso, kada a fake ƙarƙashin itacen da ke tsaye shi kaɗai, saboda tsawa. Kada a tsaya jikin tsohuwar katanga. Kada a ƙetare korama tana gudu, ko da ƙafa ko da amalanke.

5. In ƙura ta taso a rufe abinci da randa, a shigar da yara ɗaki. Bayan ambaliya a tafasa ruwan sha, kowa ya kwana cikin sange.

6. A saurari hasashen yanayi a rediyo. Ma'aikatar meteyo ta ƙasa, da cibiyoyin AGRHYMET da ACMAD da ke Yamai, suna bin tafiyar hadari ta hotunan taurarin ɗan'adam. Wanda ya ji ya gaya wa maƙwabcinsa.

Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba tukuna, a yi gwajin kwalin nan tare a aji. Rigakafi ya fi magani. Allah ya ba mu damana mai albarka, ya kare mu daga sharrin iska da ruwa, amin.